WA ZAI SA HANNU?

Yau tarihi zan ɗan waiwaya mana, tarihin wata 'yar takarda da ake miƙowa a asibiti idan haihuwa ta zo da gardama. Amma bari in fara da abin da idona ya gani.

Shekarun baya, tun kafin wayar hannu ta shigo ƙasar nan a 2001, an kawo wata yarinya amarya gidan da ke jikin namu a nan cikin Birni. Yarinya ce mai kunya, ko gaishe ki za ta yi sai ta durƙusa har ƙasa. Allah ya ba ta ciki, watan haihuwa ya kama, mijin kuwa ɗan kasuwa ne, ya tafi Ikko saro kaya. Kwana biyu cur tana naƙuda a ɗaki, an yi rubutu, an yi jiƙe-jiƙe, shiru. A dare na biyu muka ga abin ya fi ƙarfinmu. Kin san lungunanmu mota ba ta shiga, a tabarma muka ɗauko ta zuwa bakin titi, muka samu tasi da kyar muka nufi wani asibiti.

Likita ya duba ta ya ce kan ɗan ya fi ƙarfin ƙugunta, sai an yi aiki, kuma yanzu-yanzu. Sai aka fito da takarda, aka ce ina mijinta? Muka ce yana Ikko. Aka ce to wa zai sa hannu? Uwar mijin ta ja da baya ta ce ita ba za ta sa hannu a yanka 'yar mutane ba, in wani abu ya faru me za ta gaya wa iyayenta. Aka tashi yaro cikin dare ya tafi wata unguwa neman wan mijin. Duk wannan cece-kuce a kanta ake yi, tana kwance tana jin kowa, idonta biyu, hankalinta garau, amma wallahi ba wanda ya juya ya ce da ita ke me kika ce. Har ni ɗin nan mai ba ku labari ban yi ba. Sai gab da asuba wan mijin ya iso. An yi aikin, ta rayu, ɗan bai zo da rai ba. Bayan 'yan kwanaki kuma sai fitsari ya fara zubo mata ba tsayawa.

Da ta ɗan samu kanta na shiga duba ta, sai ta ce da ni, "Yaya, ni fa da an tambaye ni, da tun isha'i na dangwala."

Wannan magana tata ta daɗe tana cina. Ita ce ta sa na shiga bin diddigi, wai shin tun yaushe aka fara taɓa jikin mace ba tare da an ji ta bakinta ba, kuma tun yaushe aka gane cewa hakan kuskure ne?

A zamanin kakanninmu haihuwa sha'anin cikin gida ce. Mai cikin fari takan tafi goyon ciki gidan iyayenta, kuma ana so ta nuna kunya, kada a ji kukanta, kada ma a san ta fara naƙuda. Wata sai dai a ji kukan jariri a bayan ɗaki. Ungozoma galibi bayan an sauka take shigowa, ta yanke cibi, ta binne mabiyiya, ta wanke jariri, ta kama wankan jego. Ni ba na cikin masu zagin ungozoma. Tsohuwar nan ta san gidan, ta san uwar mai jegon, wataƙila ma ita ta yanke mata cibi, kuma abin da ta gani a ɗaki a ɗakin yake mutuwa. Riƙon sirri da lallashi, har gobe akwai ma'aikatan asibitin da ya kamata su zauna gabanta su ɗauki darasi.

Inda gizo yake saƙar shi ne idan naƙuda ta daɗe. Sai a ce gishiri ne ya tare hanya, a kira ungozoma ko wanzami, a ɗauko aska ko reza a yi yanka a cikin gaban mace, ta ɓangaren sama, wai don hanya ta buɗe. Ba a naƙuda kaɗai ake yi ba, har wadda ba ta samu haihuwa ba, da amaryar da take gudun miji, da mai ƙaiƙayi, duk akan ce gishiri ne. To 'yar uwa, mafitsara a jikin wannan wurin take, tsakaninsu ɗan siririn nama ne. Hannu ya ɗan zarce kaɗan, shi ke nan an huda ta. Masu yin haka da niyyar taimako suke yi, na yarda. Amma wadda za a yanka ɗin danne ta ake yi, manya sun riga sun yanke shawara a tsakar gida.

Turawa suka ci Kano a 1903. Wajen lokacin da Sarki Abdullahi Bayero ya hau karaga a 1926 aka kafa Asibitin Cikin Gari a kusa da Ƙofar Mata, ƙarƙashin En'e, wanda shi ne aka mayar wa suna Asibitin Murtala bayan an kashe Janar Murtala Muhammad a 1976. Asibiti ya zo har cikin ganuwa, amma matan Birni sun daɗe ba su saki jiki da shi ba. Yawancin ma'aikata maza ne, mace tana cikin kulle, fita sai da izinin maigida, ballantana a ce ta je ta kwanta wani ƙato ya duba ta. Saboda haka ba a kai mace sai abu ya ɓaci, sai an gama duk dabarun gida. Wadda aka kai a makare kuwa sau da yawa ba ta dawowa, sai mutane su ce ai ga shi nan, asibiti ne ya kashe ta, gobe ma a ƙi kai wata da wuri.

A ganina daga nan al'adar "ina mijinta" ta samo tushe. Tunda sai da izininsa ta fito, sai ma'aikata suka saba da shi suke magana, shi ake yi wa bayani, shi ake miƙa wa takarda, su ma suna gudun kada gobe ya zo ya tayar musu da rigima. Sannu a hankali abin ya zauna daram kamar doka, alhali al'ada ce kawai.

Kada ki ɗauka wannan hali namu ne mu kaɗai. Shi kansa ilimin likitancin mata na Turawa da irin wannan aka gina shi, har ma da abin da ya fi shi muni. A garin Montgomery na jihar Alabama ta Amurka, daga 1845 zuwa 1849, an yi wani likita mai suna Marion Sims wanda ya ɗauri aniyar gano yadda ake ɗinke yoyon fitsari. A kan wa ya koya? A kan bayi mata baƙar fata, jikokin waɗanda aka kwasa daga wannan nahiya tamu. Sunan uku daga cikinsu ya tsira a tarihi: Anarcha, da Lucy, da Betsey. Ita Anarcha yarinya ce 'yar wajen shekara 17 da ta samu lalurar a haihuwa, irin ta maƙwabciyata sak. Sau wajen 30 yana yi mata aiki, ba allurar barci ba ta kashe zafi, ana riƙe da ita, wani lokaci ga wasu likitoci sun kewaye suna kallo. Izini kuwa wurin iyayengijinsu ya nema, tunda a dokar wancan wuri baiwa ba ta da bakin cewa a'a. A ƙarshe ya dace da ɗinki da zaren azurfa, ya yi suna, har ana kiransa uban likitancin mata. Ƙarfen nan da ake buɗa gaban mace da shi a duba ciki, akwai samfurin da har yau sunansa yake ɗauke da shi, kuma daga cokali da ya lanƙwasa ya faro shi.

Masu kare shi suna cewa ai matan su ma suna son waraka, kuma maganin sa barci a lokacin sabon abu ne, a 1846 aka fara nuna shi a bainar jama'a. Wannan gaskiya ne. Amma ni dai in na tuna yarinyar nan sau talatin a kan tebur, sai in ji tsigar jikina ta tashi. Su ma mutanen can abin ya dame su, domin a watan Afrilu na 2018 hukumar birnin New York ta sa aka ɗauke gunkinsa daga babban dandalin shaƙatawar birnin.

Sai bayan Yaƙin Duniya na Biyu, da aka gurfanar da likitocin Jamus da suka yi gwaje-gwaje a kan fursunoni, sannan a 1947 aka rubuta ƙa'idojin Nuremberg, waɗanda na farkonsu ya ce ba a gwaji a jikin mutum sai da yardarsa, yarda ta son rai bayan ya fahimci abin da za a yi masa. Daga nan maganar ta yaɗu har ta shafi kowane irin magani da tiyata. Kin ga ke nan ita kanta takardar sa hannun an ƙirƙiro ta ne domin kare mai jikin. Mu kuma da ta iso mana sai muka miƙa wa wanda yake tsaye a bakin ƙofa.

Mu dawo gida. Abin da jinkiri yake jawo wa matan ƙasar Hausa, likitocin Asibitin Koyarwa na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Zariya sun ƙirga shi da alƙalami. Farfesa Kelsey Harrison da abokan aikinsa sun bi diddigin haihuwa 22,774 daga 1976 zuwa 1979, suka fitar da sakamakon a 1985. Abin da ya fito fili shi ne, matan da ba su taɓa zuwa awo ba, sai da ta ɓaci aka kawo su, su ne suka fi mutuwa nesa ba kusa ba, kuma matan da suka yi karatu sun fi tsira. Wani likitan kuma, Dokta Tahzib, ya duba mata 1,443 masu yoyon fitsari da aka gani a asibitin daga 1969 zuwa 1980. Wajen kashi 83 cikin 100 doguwar naƙuda ce ta jawo musu, kashi 13 kuma yankan gishiri.

Yadda abin yake faruwa ba wani asiri ba ne, ba kuma aljanu ba ne ko sammun kishiya. Idan kan ɗa ya sauko ya maƙale, yakan danne mafitsara a jikin ƙashin ƙugu. Naman da aka danne awa da awanni jini ba ya kai masa, sai ya mutu, bayan 'yan kwanaki ya zube ya bar rami, fitsari ya samu hanya. Wata ma har ta bayan gida take huduwa. Shi ya sa ake cewa kada rana ta faɗi sau biyu a kan mai naƙuda. Kowace awa da aka ɓata ana neman wan miji ko ƙanin uba, naman nan mutuwa yake yi. Mutane da yawa suna cewa aikin da aka yi ne ya huda ta, ni ma da haka na zata game da maƙwabciyata. Akan samu kuskuren tiyata, ba a musu, amma galibi ɓarnar ta riga ta auku tun kafin a shiga ɗakin aikin.

Allah ya kawo sauƙi ta hannun wani likita ɗan ƙasar Holan, Dokta Kees Waaldijk, wanda ya zo asibitin kutare na Babbar Ruga a Katsina a 1983. Kuturta ya zo yi wa magani, sai ya tarar da matan nan an yashe su ba mai kula su, ya koma ɗinkin yoyon fitsari, ya yi wa dubban mata aiki, ya kuma koyar da likitocinmu da nas-nas masu yawa. Daga wajen 1990 aikin ya kafu a nan Kano, a cibiyar Laure da ke cikin Asibitin Murtala, ga kuma masaukin da aka yi wa matan a Kwalli inda suke zama kafin aiki da bayansa. Ƙungiyoyin mata na Kano, irin su Hajiya Amina Sambo, sun sha gwagwarmaya kafin hukuma ta yarda ana kiran sunan ciwon a fili. Ɗaya daga cikin abin da Dokta Kees ya nanata, kuma ya kamata kowace mace ta sani, shi ne idan yoyon sabo ne aka sa robar fitsari da wuri ta zauna 'yan makonni, wani ramin yakan rufe da kansa ba sai an yi ɗinki ba. Ɓoyewa a ɗaki saboda kunya ita ke mayar da ƙaramin abu babba. Ranar wanka ai ba a ɓoyon cibi.

Akwai wani abu da ya faru a garin nan wanda ba na haihuwa ba ne, amma ya taɓa zuciyar kowace uwa, kuma har yau muna biyan bashinsa. A 1996, lokacin babbar annobar sanƙarau, kamfanin Pfizer na Amurka ya gwada wani sabon magani mai suna Trovan a Asibitin Zana. Yara wajen 200 aka sa a gwajin, rabi aka ba su sabon maganin, rabi wani daban, 11 suka rasu a ɓangarorin biyu. Iyaye suka ce ba wanda ya gaya musu gwaji ake yi, kamfanin kuma ya ce an yi musu bayani da baki sun amince. Aka yi ta shari'a har 2009, sannan aka sasanta da gwamnatin Kano a kan dala miliyan 75, ba tare da kamfanin ya amsa laifi ba. To da aka zo 2003 jita-jita ta bazu cewa allurar shan inna tana hana 'ya'ya mata haihuwa, wa zai tsaya ya saurari likita? Jihar Kano ta dakatar da rigakafin sai a watan Yulin 2004 aka ci gaba, a tsakanin nan kuwa yara da yawa sun shanye, cutar ta tsallaka har wasu ƙasashe. Maganin ba ya hana haihuwa, amma wanda maciji ya sara in ya ga tsumma sai ya gudu. Har yanzu za ki ji mace ta ƙi yarda a yi mata aiki wai kada a juya mata mahaifa ba ta sani ba. Duk ma'aikacin da ya yi wa mace abu a ɓoye, ko da alheri ne, ya sani ya kori mata goma daga asibiti.

Yanzu fa me doka ta ce? A 2014 aka sa hannu a kan Dokar Lafiya ta Ƙasa. A cikinta an wajabta wa ma'aikacin lafiya ya gaya wa majinyaci abin da yake damunsa, da hanyoyin magani da ake da su, da amfanin kowace da haɗarinta, da cewa yana da ikon ya ƙi, kuma a yi masa bayanin da harshen da yake ji, gwargwadon karatunsa. An hana fallasa sirrin majinyaci. An hana korar wanda aka kawo cikin halin gaggawa ko da wane dalili. A 2018 kuma Mataimakin Shugaban Ƙasa na lokacin, Yemi Osinbajo, ya ƙaddamar da takardar haƙƙoƙin majinyata da ta ƙara jaddada waɗannan. Majinyaci aka ce, ba a ce mijin majinyaciya ba. Mace baliga mai hankali sa hannunta ya isa a yi mata aiki, wadda ba ta iya rubutu ba ta dangwala. In kuwa ta suma, rai yana hannun Allah, ba kowa a kusa, likita yana da damar ya ceci ranta ba sai ya jira ɗan aike ya dawo ba.

Kada wata ta ɗauki littafin nan ta je ta ce na ce a raina maigida. Cikin nasa ne, ɗan nasa ne, shi zai yi ɗawainiya, kuma namiji mai hankali ba abin da yake so kamar ya ga matarsa ta sauka lafiya. Abin da nake cewa, shawarar nan tun ciki yana wata biyar ake yin ta, a ɗaki, cikin raha, bayan ya ci ya ƙoshi. Maigida, in abu ya taso ba ka nan, ka yarda in sa hannu? Ka gaya wa Hajiya da bakinka. Wa zai ba da jini in an buƙata? Motar wa za a kira? Haka nan maganar likita namiji, malamanmu sun daɗe da bayani cewa inda mace likita ta samu ita ce gaba, inda babu kuwa lalura ta halatta, sai dai ki nemi a bar nas ko 'yar uwarki a tsaye kusa, wannan haƙƙinki ne. Alhamdu lillahi yanzu matanmu sun yi karatun. Ga irin su Farfesa Hadiza Galadanci ta Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano, wadda tana cikin jagororin wani babban bincike da aka fitar a 2023, wanda aka yi a asibitoci 80 na ƙasashen Afirka huɗu, a kan auna jinin da mai jego take zubarwa da wata leda mai ma'auni domin a tare shi da wuri.

Sai dai doka a takarda daban, ɗakin haihuwa daban. Wace ce a cikinmu ba ta taɓa jin an daka wa mai naƙuda tsawa ba, ko an gaya mata maganar da ba ta faɗuwa a littafi? Ko a yaye mata zane ba labule, ɗalibai sun yi mata rumfa ba wanda ya ce sannu ballantana ya nemi izini? Ko a gaya wa uwar miji sakamakon gwajin jini kafin mai jinin ta ji? Na san nas ɗaya takan kwana a kan mata barkatai, ga rashin wuta ga rashin kayan aiki, kuma akwai na kirki da yawa waɗanda sai dai Allah ya biya su. Ɗalibai ma dole su koya, in ba su koya a kanmu ba wa zai duba 'ya'yanmu gobe? Amma a tambaye mu mana. Ke kuma ki buɗe baki: Likita, me ka gani? Wannan allurar ta mece ce? In ban yi ba me zai faru? Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Ita maƙwabciyar tawa Allah ya yi mata gyaɗar dogo, mijinta bai sake ta ba kamar yadda ake yi wa da yawa, shi ya yi ta jigila da ita har aka yi mata ɗinki ta warke. Aka gargaɗe ta cewa duk cikin da ta sake samu kada ta yarda ta yi naƙuda a gida, aiki za a yi mata tun kafin ciwo ya kankama. Bayan shekara uku ta samu wani cikin, ni na raka ta ranar da aka ba ta gado. Nas ta fito da takardar tana waige-waige tana cewa ina mijinta, shi kuwa yana tsaye a bakin taga da kwanon abinci a hannu. Sai ya ce, "Ba ta, ai ita za a yi wa." Ta karɓa ta ce a karanta mata da Hausa tukuna. Aka karanta, ta yi tambaya biyu, ɗaya a kan ƙarin jini ɗaya a kan ko za ta sake haihuwa, sannan ta miƙa babban yatsanta aka shafa masa tawada. Mace ta haifa, yanzu haka yarinyar tana da nata 'ya'yan biyu a Gwammaja.